Tarihin Ƙararrakin Kwalejojin Injiniya a Ƙasar Indiya



A ƙasar Indiya akwai wata irin ƙara wadda take da lokacinta, kamar yadda damina take da nata. Da zarar watan Afrilu ya kama, har zuwa ƙarshen Agusta, sai ka tarar manyan kotunan jihohi, musamman na kudu da na yamma, sun cika da lauyoyin masu kwalejojin injiniya. Kukan nasu kusan iri ɗaya ne. Wannan ya ce hukuma ta hana shi izinin buɗe kwaleji alhali kuwa ya gama gini. Wancan ya ce an ba shi izini amma jami'a ta ƙi karɓarsa. Na uku ya ce an rage masa yawan ɗalibai ana saura mako biyu a fara ɗauka. Sashe na 226 na tsarin mulkin ƙasar ya ba mutum damar ya kai ƙarar hukuma gaban Babbar Kotu kai tsaye, ba sai ya bi ta ƙananan kotuna ba, saboda haka ƙofar a buɗe take ga duk wanda ya iya biyan lauya. Makasudin wannan lacca shi ne mu bi sawun wannan rigima tun daga tushenta, mu ga yadda Kotun Ƙoli ta yi ta juya ta fiye da shekara talatin, mu kuma ga abin da ya sami yaran da aka ɗauka karatu ana cikin shari'a.

Kafin mu yi nisa, ya kamata mu daidaita kalmomi biyu, domin a kansu rigimar take. Ta farko ita ce izini, watau takardar da hukumar tarayya ke ba mai kwaleji cewa ya cika sharuɗɗan fili da gini da malamai da kayan aiki. Ta biyu kuwa na daɗe ina nema mata Hausa, ban sami wadda ta fi riƙo dacewa ba. Kwaleji 'yar riƙo ce a hannun jami'a: ba jami'ar ce ta haife ta ba, ba ita ke ciyar da ita ba, amma da sunan gidanta ake kiran 'ya'yan kwalejin. Jami'a ce ke tsara manhaja, ita ke shirya jarrabawa, ita ke ba da digiri. Kwaleji kuwa nata shi ne koyarwa da karɓar kuɗin makaranta. Dokar 1956 ta hana wanda ba jami'a ba, ko makarantar da doka ta ba wannan iko, ya ba da digiri. Ashe ke nan kwalejin da ba ta da mariƙi, ko da ta fi kowace kyan gini, ɗalibinta zai gama shekara huɗu ya fita hannu rabbana.

Wannan tsari ba Indiyawa ne suka ƙirƙiro shi ba. A 1854 Sir Charles Wood ya aiko da wasiƙarsa daga Ingila game da ilmi, inda ya ba da shawara a kafa jami'o'i bisa tsarin Jami'ar Landan, wadda a wancan zamani aikinta shirya jarrabawa ne kawai, ba koyarwa ba. A 1857, shekarar da sojojin Indiya suka yi wa Turawa bore, aka kafa jami'o'i uku a Kalkata da Bombai da Madaras. Ba su da azuzuwa, ba su da malamai. Abin da suke da shi majalisa ce da magatakarda da hatimi. Kwalejojin gwamnati da na mishan da na attajirai su ke koyarwa, jami'a ta yi jarrabawa. Ga gwamnatin mulkin mallaka wannan ciniki ne mai riba, domin kuwa an sami akawuna da lauyoyi ba tare da an kashe kuɗi mai yawa ba. Mu ma a nan ba baƙin wannan tsari ba ne. Kwalejin Ibadan daga 1948 zuwa 1962 digirin Landan take bayarwa, haka ma injiniyoyin farko da aka horar a Zariya, kuma Kwalejin Abdullahi Bayero ta Kano ta yi shekaru a riƙon Jami'ar Ahmadu Bello kafin ta tsaya da ƙafarta a 1977. Uwa ɗaya ce ta haifi tsarin namu da nasu. Bambancin shi ne, a Indiya riƙo ya zama shi ne babbar hanyar ilmi mai zurfi, ba ratse ba.

Tun Turawa ba su tafi ba aka ga illar abin. A 1904 Lord Curzon ya yi dokar da ta tilasta a riƙa duba kwaleji kafin a ba ta riƙo, aka kuma sa hannun gwamnati a ciki. Kwamitin Sadler, wanda ya binciki Jami'ar Kalkata daga 1917 zuwa 1919, ya koka da yadda jami'a guda ke riƙe da kwalejojin da ba ta iya kula da su. An ji, an gina 'yan jami'o'i masu koyarwa da kansu, amma ba a taɓa tushen ba.

Ilmin injiniya kuwa ya daɗe bai shiga wannan hayaniya ba, kuma dalilin a fili yake. Kwalejin Roorkee, wadda aka buɗe a 1847, an yi ta ne domin a sami ma'aikatan haƙa babbar magudanar ruwa ta kogin Ganges. Ita da 'yan'uwanta na Poona da Madaras da Bengal duk na gwamnati ne, kuma ma'aikatar ayyuka suke yi wa hidima. Da mai kwaleji, da mai ba da izini, da mai ɗaukar waɗanda suka gama, duk mutum ɗaya ne, to wa zai kai ƙarar wa? A 1945 aka kafa Majalisar Ilmin Fasaha ta Indiya, wadda aka fi sani da AICTE, amma shawara kawai take bayarwa, ba ta da ikon hana kowa kome. Bayan samun 'yanci, gwamnatin Nehru ta mai da hankali ga 'yan manyan cibiyoyin fasaha, na farkonsu a Kharagpur a 1951, waɗanda har yau su ne abin alfaharin ƙasar. Sai dai ɗalibi nawa za su ɗauka a ƙasa mai ɗaruruwan miliyoyin mutane?

Nan ne 'yan kasuwa da 'yan siyasa suka ga ƙofa. Jihar Karnataka ce ta riga kowa, domin tun a 1946 akwai kwalejin injiniya mai zaman kanta a Bangalore, sa'an nan ta Manipal a 1957. Maharashtra ta saki hanya a 1983, Tamil Nadu ta bi baya a 1984. Sharaɗin gwamnatocin ɗaya ne: ka gina da kuɗinka, kada ka nemi ko sisi daga baitulmali. Wanda kuwa ya gina da kuɗinsa, a jikin ɗalibi zai fanshe. Daga nan aka sami abin da za mu kira kuɗin sayen gurbi, watau maƙudan kuɗin da uba zai ajiye kafin a rubuta sunan ɗansa, ban da kuɗin makaranta na shekara. Jihohi suka yi dokokin hana wannan, aka ci gaba da karɓa ta bayan gida.

Gwamnatin Tarayya ta ga abin yana neman ya fi ƙarfinta, sai ta ɗauko makamai biyu da tsarin mulki ya ba ta. Na farko, tun asali ikon daidaita matsayin ilmi mai zurfi da na fasaha a hannun tarayya yake, shi ne abu na 66 a jerin ikonta. Na biyu, gyaran tsarin mulki na 1976 ya ɗauke ilmi daga jerin ikon jihohi ya sa shi cikin jerin haɗaka, inda kowa na iya yin doka, amma idan dokokin suka ci karo ta tarayya ce a sama. Da wannan aka yi dokar 1987, wadda ta ba AICTE haƙora, ta ce daga yanzu ita ke ba da izinin buɗe sabuwar makarantar fasaha ko sabon fanni. To amma ba a soke dokokin jihohi ba, ba a kuma soke dokokin jami'o'i ba. Sai ƙofa guda ta zama tana da makulli uku: ɗaya a Delhi, ɗaya a sakatariyar jiha, ɗaya a ofishin magatakardar jami'a. A ganina duk ƙararrakin da suka biyo baya, daga wannan gini bisa gini suka tsiro.

A 1993, cikin shari'ar Unni Krishnan, alƙalai biyar na Kotun Ƙoli suka ce babu wanda aka haifa da haƙƙin a ba shi riƙo, saboda haka hukuma na iya gindaya masa sharuɗɗa. Suka kuma raba guraben kwalejoji masu zaman kansu biyu, rabi masu rahusa bisa cancanta, rabi masu tsada. Amma shari'ar da ta fi shafar zancenmu ita ce ta Adhiyaman, kuma ina so mu ɗan tsaya a kanta.

Gidauniyar Adhiyaman ta sami izinin gwamnatin Tamil Nadu a 1987 ta buɗe kwalejin injiniya a garin Hosur, Jami'ar Madaras kuma ta ba ta riƙon wucin gadi. A 1989 sabuwar gwamnati ta naɗa babban kwamiti ya zagaya irin waɗannan kwalejoji. Kwamiti ya dawo ya ce wannan ba ta cika sharuɗɗan da aka gindaya mata ba. Gwamnati ta tashi soke izini, jami'a ta tashi janye riƙo, gidauniya ta garzaya kotu. Da maganar ta kai Kotun Ƙoli, a 1995 aka yanke cewa tun da dokar 1987 ta fara aiki, jiha ba ta da hurumin auna kwalejin injiniya da mudun da ya saɓa wa na AICTE, kuma jami'a ba za ta janye riƙo bisa sharuɗɗan da suka ci karo da na majalisar ba. A lura da kyau, ba a kan gaskiya ko ƙaryar rahoton kwamitin hukuncin ya tsaya ba. Tambayar da aka amsa ita ce, wa ke da ikon dubawa, ba me aka gani da aka duba ba. Wannan ita ce ɗabi'ar irin wannan ƙara: alƙali yana duba dokar da ta ba hukuma iko ne, ba ya shiga ɗakin gwaje-gwaje ya ƙirga injuna.

Shekara biyar bayan haka aka ƙara ɗaure zancen. A Kerala, gidauniyar Jaya Gokul ta sami izinin AICTE, amma gwamnatin jiha ta ce manufarta ita ce ba a ƙara irin waɗannan kwalejoji, jami'a kuma ta ce ba ta ba da riƙo sai da yardar gwamnati. Rijiya ta ba da ruwa, guga ya hana. A 2000 Kotun Ƙoli ta ce abin da doka ta ba jiha shi ne ta faɗi ra'ayinta kafin a ba da izini. In ta faɗa ba a ɗauka ba, ba ta da ikon hawa kujerar na-ƙi. Da waɗannan hukunce-hukunce biyu makullin Delhi ya zama uban makullai. Alƙalan suna da hujja mai kyau, domin ba daidai ba ne injiniyan jiha kaza ya zama an auna shi da mudu daban da na jiha kaza, ga kuma siyasar da kan shiga izinin jihohi, inda kwalejin ɗan jam'iyyar da ta faɗi kan zama abin farauta. Sai dai an ɗauke iko daga wanda yake kusa yana gani, an miƙa wa wanda yake nesa yana karanta takarda.

Abin da ya biyo baya ba sai an tsawaita ba. A 2001, cikin shari'ar Jami'ar Bharathidasan, aka ce jami'a ita kanta ba ta bukatar izinin AICTE kafin ta buɗe fannin fasaha. A 2002 alƙalai goma sha ɗaya suka zauna a shari'ar T.M.A. Pai, suka rushe rabon guraben 1993, suka ce kafa makaranta sana'a ce da tsarin mulki ya kare, illa dai ban da sayar da gurbi da cin ƙazamar riba. Wannan ya zo daidai da lokacin da kamfanonin kwamfuta na Bangalore da Haidarabad da Chennai ke ɗibar ma'aikata dubu-dubu, kowane uba yana so ɗansa ya zama injiniya. Kwalejoji suka yi ta tsirowa a gonakin bakin hanya. A Tamil Nadu, Jami'ar Anna, wadda aka miƙa wa riƙon dukkan kwalejojin injiniya na jihar a 2001, ta kai ga riƙe fiye da 500. Ina mariƙin da zai san halin 'ya'ya 500? Jaridun ƙasar sun sha ba da labarin yadda akan ari malamai da littattafai da injuna ranar da masu duba za su zo, a mayar da su washegari. A 2009 hukumar binciken manyan laifuffuka ta tarayya ta kama wani babban jami'in AICTE bisa zargin karɓar rashawa, aka kuma dakatar da shugaban majalisar.

Yanzu bari mu dawo ga ɗalibi, wanda kusan ba a jin muryarsa a waɗannan shari'o'i, alhali shi ne garkuwar mai kwaleji. Dabarar sananniya ce. An hana ka izini a watan Yuni, sai ka je kotu ka ce lokacin ɗaukar ɗalibai zai wuce kafin a saurari ƙara, ka roƙi umarnin wucin gadi. In an ba ka, ka ɗauki yara, ka karɓi kuɗi. Ƙarar kuwa ba za a kai gare ta ba sai bayan shekara biyu ko uku, lokacin da yaran sun yi nisa. Ran nan lauya zai miƙe ya ce, ya mai shari'a, ina laifin waɗannan yara? Alƙalin da ke da 'ya'ya a gida, da wuya ya iya cewa a kore su. Tun a 1986, cikin wata shari'a ta kwalejin likitanci a Andhra Pradesh wadda ta ɗauki ɗalibai ba tare da riƙo ba, Kotun Ƙoli ta ƙi umartar jami'a ta bar su su yi jarrabawa, ta ce kotu ba za ta sa hukuma ta karya dokarta ba saboda tausayi. Ta sha maimaita wannan gargaɗi ga manyan kotuna. To amma ko ta wace fuska aka yanke, kura ce da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi: in an tausaya, yaro ya fita da digiri ba ilmi, in an tsananta, ya rasa shekarunsa da kuɗin gonar da uba ya sayar.

Maganin da kotu ta samo shi ne kalanda. A watan Disamba na 2012, cikin shari'ar gidauniyar Parshvanath, wadda ta tashi da kwalejinta ta koma wani gini a Thane ba da izini ba, kotu ta tabbatar da soke izinin, sa'an nan ta yanka ranaku: AICTE ta gama yanke shawara kafin 10 ga Afrilu, jami'a ta gama zancen riƙo kafin 15 ga Mayu, a fara karatu 1 ga Agusta, a rufe ɗaukar ɗalibai 15 ga Agusta. Hikimar ita ce ba a fafe gora ranar tafiya. Wannan, a ganina, shi ne hukuncin da ya fi amfanar ɗalibi cikin dukkansu, ko da yake aikin magatakarda ne alƙali ya yi. Ya kuma haifi sabuwar ƙara, watau roƙon Kotun Ƙoli ta ɗaga ranakun, abin da aka yi sau da dama.

Ba a rufe wata biyar ba sai wasu alƙalan biyu na kotun, a watan Afrilu na 2013, suka ce kwalejin da take riƙon jami'a ba ta bukatar izinin AICTE, aikin majalisar shawara ne kurum. Aka shiga ruɗu, har sai da kotu ta ba da umarnin wucin gadi a 2014 ta mayar wa majalisar da ikonta. A wannan shekara ce kuma, bayan an kafa jihar Telangana, Jami'ar Fasaha ta Jawaharlal Nehru da ke Haidarabad ta hana kwalejoji 174 riƙo a lokaci guda saboda ƙarancin malamai da kayan aiki. Yawancin irin waɗannan kwalejoji da tsarin gwamnatin Andhra Pradesh na 2008, na biya wa 'ya'yan talakawa kuɗin makaranta, suke rayuwa. Su ma kotu suka nufa.

Ga ma'aikatan gwamnati da ke cikinmu, akwai shari'ar da ta fi kusa da zuciyarku. Wani ma'aikacin hukumar ban-ruwa ta jihar Odisha, mai difloma, ya yi digirin injiniya ta hanyar karatu daga nesa, ya nemi ƙarin girma, hukuma ta ƙi. Da maganar ta kai Kotun Ƙoli, sai ta tono cewa wasu makarantu huɗu da aka ba matsayin jami'a sun yi shekaru suna ba da irin wannan digiri ba da amincewar AICTE ba. A watan Nuwamba na 2017 kotu ta dakatar da digirin waɗanda suka shiga tsakanin 2001 da 2005 har sai sun ci wata jarrabawa ta musamman, ta soke na waɗanda suka shiga bayan 2005, tare da ƙarin girman da suka samu da shi. Mutane ne magidanta, waɗansunsu sun fi shekara goma a kujera. Hukumomin da ya kamata su hana tun farko suna nan suna musayar wasiƙu, sai da aka yi shekara goma sha shida aka yi ihu bayan hari.

A ƙarshe ba kotu ce ta rage kwalejojin ba, iyaye ne. A shekarar karatu ta 2016 zuwa 2017, cikin guraben digirin injiniya miliyan 1.55, kashi 51 cikin 100 babu wanda ya zauna a kansu. Kwalejoji suka fara neman izinin rufewa da kansu. AICTE ta dakatar da ba da izinin sababbi daga 2020, ta janye dakatarwar a 2023.

Kotun Ƙoli kanta ta sake duba matsayinta. A Kerala, Jami'ar Fasaha ta A.P.J. Abdul Kalam ta ce ba za ta riƙi sabon fanni a kwaleji ba sai ta ga yadda guraben da ke akwai suke cika da yadda ɗalibai ke cin jarrabawa. Kwalejin Jai Bharath, wadda AICTE ta riga ta ba izini, ta kai ƙara, ta yi nasara a Babbar Kotu bisa hujjar tsofaffin hukunce-hukunce. A watan Disamba na 2020 Kotun Ƙoli ta juya hukuncin, ta ce jami'a ba ta da ikon sassauta mudun AICTE, amma tana da ikon ƙara masa, tun da sunanta ne a kan digirin. Ta kuma lura cewa majalisar kan sabunta izini ne bisa bayanan da kwaleji ta aiko da kanta ta intanet. Shekara ashirin da biyar bayan Adhiyaman, aka mayar wa mariƙi da bakin magana. Ko mariƙin zai yi amfani da shi, wannan wani zance ne daban. A 2024 wata ƙungiyar yaƙi da cin hanci a Chennai ta fito da bayanan da suka nuna ɗaruruwan malamai waɗanda sunan kowannensu yake cikin jerin cikakkun ma'aikata na kwaleji fiye da ɗaya, duk a riƙon Jami'ar Anna, kuma daga takardun da kwalejojin suka miƙa wa jami'ar aka tsamo su. Manufar ilmi ta ƙasa ta 2020 ta yi alkawarin kawar da tsarin riƙo gaba ɗaya cikin shekara goma sha biyar, kowace kwaleji ta tsaya da ƙafarta ko ta narke cikin jami'a. Wa'adin zai cika a 2035, shekara 178 bayan an buga hatimin farko a Kalkata.